Naushad Ali da Matsayin Makaɗi a Silimar Indiya

Gabatarwa

Duk wanda ya yi zamani da gidajen silima na Kano ko Kaduna ko Jos ya san fim ɗin nan Mother India, kuma da wuya a sami wanda ya kalle shi bai fito da karin waƙa ɗaya ko biyu a bakinsa ba. Amma da za a tsayar da 'yan kallon a bakin ƙofa a tambaye su ko wane ne ya tsara waɗannan waƙoƙi, da ƙyar a sami mai amsawa. Sun san Nargis wadda ta fito a matsayin uwa, wasu ma sun san muryar Lata Mangeshkar da ta Mohammed Rafi. Shi kuwa mutumin da ya zauna ya ƙagi karin, ya koya wa mawaƙa, ya raba wa makaɗa aiki, sunansa yakan wuce ne a rubuce a farkon fim, sa'ad da jama'a ke ta neman wurin zama.

Maƙasudin wannan maƙala shi ne bin tarihin wannan mutum, watau Naushad Ali (1919 zuwa 2006), tare da nuna cewa kusan dukkan aikinsa kokawa ce a kan abu guda: yadda makaɗin silima, wanda aka ɗauka ɗan tasha ne, zai sami daraja irin ta makaɗin fada, a daidai lokacin da fadojin kansu ke rushewa.

Daga Lakno zuwa Bombai

An haifi Naushad ran 25 ga Disamba 1919 a birnin Lakno da ke arewacin Indiya. Mahaifinsa, Wahid Ali, akawun kotu ne. Lakno ita ce tsohuwar cibiyar sarakunan Awad, waɗanda Musulmi ne masu son kiɗa da waƙa. Na ƙarshensu, Wajid Ali Shah, wanda Turawan Ingila suka tuɓe a 1856, shi kansa fasihi ne. Da fadar ta watse kiɗa bai mutu ba, sai dai ya koma zaurukan attajirai da gidajen zabiyoyi, wannan kuwa ya sa malamai da ma'aikata irin su Wahid Ali suke ganin ba sana'ar ɗan mutunci ba ce. Mai karatu Bahaushe ba ya bukatar dogon bayani a nan. Tun a 1959 M. G. Smith ya nuna cewa a tsarin daraja na ƙasar Hausa makaɗa da maroƙa a ƙasa aka ajiye su, ko da kuwa babu buki ko sarautar da ke cika ba tare da su ba.

Makarantu biyu suka yi wa yaron tarbiyyar kunne. Ta farko ita ce taron shekara-shekara da ake yi a hubbaren waliyyi Waris Ali Shah a Dewa Sharif, kusa da Lakno, inda masu waƙar kawwali, watau waƙoƙin bege da zikiri na Sufayen Indiya, ke kwana suna rerawa. Ta biyu ita ce gidan silima na Royal. A wancan zamani finafinai bebaye ne, don haka mai gidan silima yakan ɗauki makaɗa su zauna a gaban allo da ganga tagwaye da ake kira tabla, da sitar, da goge, da akwatin kiɗan nan mai zugazugi da ake kira harmoniyam. Sukan fara kallon fim ɗin su yi alamar inda za a yi kiɗan baƙin ciki da inda za a yi na gudu ko na faɗa, sa'an nan da dare su bi hoton da kiɗa. A nan ne Naushad ya koyi abin da daga baya ya bambanta shi da tsararsa, watau auna kiɗa da motsin hoto. Ya kuma yi karatu a hannun malaman kiɗa irin su Ustad Ghurbat Ali da Ustad Yusuf Ali da Ustad Babban Saheb, yana gyaran harmoniyam a wani shago.

A 1931 Ardeshir Irani ya fitar da Alam Ara, fim na farko mai magana a Indiya, da waƙoƙi 7 a cikinsa. Cikin 'yan shekaru makaɗan gaban allo suka rasa abin yi, aikin ya koma inda ake ɗaukar fim. A gida kuma tura ta kai bango, mahaifinsa ya ce ya zaɓa, ko kiɗa ko gidan. A ƙarshen 1937, yana da kimanin shekara 18, ya kama hanyar Bombai, birnin da tun 1995 ake kira Mumbai.

Ya sha wuya a can, har ya yi kwanan bakin titi a unguwar Dadar, daura da gidan silima na Broadway. Ya yi yaron Ustad Jhande Khan a kan rufi 40 a wata, daga baya ya koma ƙarƙashin Khemchand Prakash a kamfanin Ranjit a kan rufi 60, kuma wannan na biyun shi ya ɗauka malaminsa har ƙarshen rayuwarsa. Marubucin waƙa D. N. Madhok ne ya yi ta shigar da shi wurin masu shirya fim har ya sami na kansa na farko, Prem Nagar, a 1940. Sai dai fim ɗin Rattan na 1944 ne ya fito da shi sarari. Waƙoƙinsa, waɗanda ya gina a kan kiɗan ƙauyukan lardinsu da gangar dholak da muryar Zohrabai Ambalewali, sun cika Indiya, har ladansa ya kai rufi 25,000 a kan fim ɗaya.

Akwai wani labari da shi da kansa ya sha bayarwa. Da aka tashi yi masa aure a gida, mahaifiyarsa ta gaya wa dangin amarya cewa ɗanta tela ne a Bombai, don ta san ba za su ba makaɗi 'yarsu ba. Ranar buki sai ga 'yan badujalar da aka ɗauko suna busa waƙoƙin Rattan, dattawan gida na tsine wa wanda ya ƙago wannan shashanci, ango kuwa na zaune bai ce uffan ba. Wanda ya riƙe wannan labari zai fahimci yawancin abin da ya biyo baya.

Sana'ar kanta

Ya kamata a bayyana abin da mai tsara kiɗan fim ke yi a Bombai, domin ya bambanta da na Amurka ko Turai. Aikinsa kashi biyu ne. Na farko waƙoƙi, waɗanda sukan kai 8 ko 10 ko fiye a fim ɗaya: shi zai ƙagi kari, mai rubutu ya ɗora baitoci, mawaƙi ya rera, ɗan wasa kuma ya motsa baki kawai a gaban kyamara, dabarar da aka fara a Kalkata a fim ɗin Dhoop Chhaon na 1935. Na biyu kiɗan bayan fage, wanda ke tafiya ƙarƙashin magana da shiru. Yawancin masu tsara kiɗa sun raina kashi na biyu, sukan bar wa yaransu. Naushad, ɗan makarantar gaban allo, bai raina shi ba.

Kayan aikin kuwa sai a hankali. A farkon shekarun 1940 ɗakunan ɗaukar murya rufin kwano ne da su, sauti na ta amsa-kuwwa, don haka akan fita lambu bayan tsakar dare, in gari ya yi tsit, a ɗauki waƙa. Akan kuma rera kowace waƙa sau biyu, ɗaya don fim, ɗaya don faifan garmaho, wanda fuskarsa guda ba ta ɗaukar abin da ya wuce minti 3 da 'yan kai. Wannan iyaka ta minti 3 tana da muhimmanci ga abin da za a tattauna nan gaba. Naushad na cikin na farko da suka raba ɗaukar murya da ta kayan kiɗa don a daidaita su daga baya, kuma ya dogara ƙwarai ga makaɗa Kiristoci 'yan Goa, waɗanda suka koyi rubuta kiɗa da karanta shi a coci tun zamanin mulkin Fotugal. Da taimakonsu ne ya iya tara makaɗa 100 a fim ɗin Aan na Mehboob Khan a 1952.

Bayan raba ƙasa a 1947 mawaƙa da yawa, ciki har da Noor Jehan wadda ta yi masa waƙa a Anmol Ghadi a 1946, sun ƙaura Pakistan. Shi ya zauna. A shekarar ce kuma ya fara aiki da fasihin Urdu Shakeel Badayuni a fim ɗin Dard, suka riƙe juna fiye da shekara 20. Da Shakeel a wajen baitoci, da Rafi da Lata da Shamshad Begum a wajen murya, da Ghulam Mohammed a matsayin babban mataimaki, ƙungiyarsa ta cika.

Baiju Bawra: shigar da kiɗan fada silima

Abubuwa biyu sun haɗu a farkon shekarun 1950. Na ɗaya, masarautun gargajiya fiye da 500 da ke Indiya an narkar da su cikin sabuwar ƙasa tsakanin 1947 da 1949, manyan makaɗan fada kuma, waɗanda gidajensu suka gaji kiɗa kaka da kakanni, suka wayi gari babu ubangida. Na biyu, a 1952 aka naɗa B. V. Keskar ministan watsa labarai, mutumin da ke ganin waƙar fim gurɓatacciya ce mai lalata kunnen jama'a. Ya takura ta a gidan rediyon gwamnati har masu shirya finafinai suka janye waƙoƙinsu. Jama'a ba su yi gardama da shi ba, sai kawai suka murɗa akwatunansu zuwa rediyon Silon, ƙasar da yanzu ake kira Siri Lanka, inda Ameen Sayani ya fara shirin Binaca Geetmala a ƙarshen shekarar. Gwamnati ba ta sauko ba sai a 1957, da ta buɗe tashar Vividh Bharati. Ko harmoniyam ɗin da Naushad ya tashi yana gyarawa an hana shi shiga rediyon gwamnati tun 1940, ba a sassauta ba sai 1971.

A cikin wannan yanayi ne Vijay Bhatt ya fitar da Baiju Bawra a 1952, labarin wani mawaƙi da ya ƙalubalanci Tansen, shugaban makaɗan fadar Sarki Akbar wanda ya yi mulki daga 1556 zuwa 1605. Naushad ya dage a kan cewa a gina waƙoƙin fim ɗin a kan raga. Raga kuwa ba waƙa ba ce, ƙa'ida ce ta kari: ita ke faɗin muryoyin da aka yarda a taka in ana hawa da waɗanda za a taka in ana sauka, da wadda za a daɗe a kanta, da lokacin da ya dace a yi ta. Malkauns, alal misali, muryoyi 5 gare ta kuma ta tsakar dare ce. Darbari, wadda ake dangantawa da Tansen kansa, mai nauyi ce ta cikin dare. Bhairavi ta asuba ce. Gwanin fada yakan shafe sa'a guda ko fiye yana warware raga ɗaya. Aikin Naushad shi ne ya matse ta cikin minti 3 ba tare da ta ɓace ba, kuma ta zama abin da direban tasi zai iya bi da fito.

Ba shi ne ya fara wannan ba, kuma adalci ne a faɗi haka, domin masu yabonsa sukan manta. Malaminsa Jhande Khan ya gina dukkan waƙoƙin Chitralekha na 1941 a kan Bhairavi, Khemchand Prakash kuma ya yi Tansen a 1943. Abin da Naushad ya ƙara shi ne shigo da su gwanayen fadar kansu cikin ɗakin ɗaukar murya. A gasar da ke ƙarshen fim ɗin, Ustad Amir Khan ne muryar Tansen, D. V. Paluskar kuma muryar Baiju, mutane biyu da ke sahun farko na kiɗan gargajiyar Indiya. Da wannan aka rushe katangar da Keskar ke ginawa: in waƙar fim ƙazanta ce, me Amir Khan ke yi a ciki?

Har ila yau a fim ɗin akwai waƙar bauta ta addinin Hindu a kan Malkauns, wadda ake rerawa a wuraren ibadarsu har yau. Musulmi uku ne suka yi ta, Shakeel ya rubuta, Naushad ya tsara, Rafi ya rera, shekara 5 kacal bayan kashe-kashen raba ƙasa. Fim ɗin ya samu karɓuwa, kuma da aka fara ba da lambar yabo ta Filmfare a 1954 Naushad ne ya fara karɓar ta tsara kiɗa. A gidan silima na Broadway aka buɗe shi, daura da inda ya taɓa kwana.

Mother India da 'yan kallon Arewa

Mother India, wanda Mehboob Khan ya fitar a 1957, labarin Radha ne, matar ƙauye da bashin rufi 500 na bukin aurenta ya jefa gidanta hannun mai ba da rance da ruwa. Miji ya rasa hannuwa ya gudu don kunya, ambaliya ta cinye amfanin gona, ta ja garma da kafaɗarta, daga ƙarshe ta harbe ɗanta da ya zama ɗan fashi don kare mutuncin 'yar mutumin da ya zalunce su. A nan Naushad ya jingine nauyin fada ya koma ƙauye: waƙar rakiyar amarya, waƙar girbi, waƙar bukin watsa launi, duka da 'yan amshi masu yawa da gogunan Turawa a bayansu. Fim ɗin ya kai zagayen ƙarshe na lambar Oscar ta finafinan ƙetare a 1958, amma fim ɗin Fellini ɗan Italiya ya kayar da shi.

'Yan kasuwa Kwarori ne suka fara kawo finafinan Indiya gidajen silima na Arewacin Nijeriya tun shekarun 1950, kuma babu wanda ya daɗe kamar wannan. Brian Larkin, wanda ya yi nazarin gidajen silima na Kano a shekarun 1990, ya tarar ana nuna shi har lokacin, 'yan kallo na bin waƙoƙin baiti-baiti cikin harshen da ba su ji. Akan ce dalili shi ne kamannin al'ada, watau kunya da biyayya da auren dole da sutura, kuma gaskiya ne. Amma bai kamata a manta da kunne ba. Tsarin jagora da 'yan amshi, da waƙar da aka ɗaura wa wani aiki ko wani buki, ba baƙon abu ba ne ga wanda ya tashi da waƙar daɓe da ta niƙa da kiɗan gayya. Daɗin daɗawa, Larkin da Abdalla Uba Adamu duk sun yi rubutu a kan yadda masu bandiri a Kano suka riƙa ɗaukar karin waƙoƙin finafinan Indiya suna ɗora musu yabon Annabi. Idan aka tuna cewa ɗaya daga cikin tushen waƙar fim ɗin Bombai ita ce kawwali irin wadda Naushad ya saurara a Dewa Sharif, za a ga cewa karin da ya fita daga da'irar Sufaye ya ratsa silima ya sake faɗawa wata da'irar.

Mughal-e-Azam da abin da ya biyo baya

Ƙololuwar aikinsa ita ce Mughal-e-Azam na K. Asif, wanda ya fito ran 5 ga Agusta 1960, labarin soyayyar Yarima Salim ɗan Akbar da baiwa Anarkali. A nan ma ana bukatar muryar Tansen, Naushad da Asif suka nufi Ustad Bade Ghulam Ali Khan, wanda ya ƙi jinin silima. Don ya sallame su sai ya yanka rufi 25,000 a kan kowace waƙa, alhali Lata da Rafi ba su wuce 300 zuwa 400. Asif ya amince nan take, ya yi waƙa biyu. Ɗaya daga ciki, a kan raga Sohni, ita ke tafiya daga nesa a fitowar da Dilip Kumar ke shafa fuskar Madhubala da gashin tsuntsu ba tare da ɗayansu ya ce komai ba, kuma da wuya a sami wurin da waƙa da kiɗan bayan fage suka zama abu ɗaya kamar nan. A wata waƙar ya tara wa Rafi 'yan amshi 100. A wata kuma, don neman amsa-kuwwa irin ta zauren madubai, ya sa Lata ta rera a banɗakin ma'aikatar. Lata ɗin, wadda Hindu ce, ita ta rera waƙar kamun ƙafa da Annabi da Anarkali ke yi a kurkuku. Duk da haka lambar Filmfare ta shekarar ta tafi ga Shankar da Jaikishan, kuma bai sake samun ta ba bayan ta 1954.

Ya biyo da Ganga Jamuna a 1961, da waƙoƙi cikin karin harshen ƙauyukan gabashin lardinsu, sai Mere Mehboob a 1963 da Ram Aur Shyam a 1967. Daga nan tauraronsa ya fara dusashewa. Mehboob Khan ya rasu a 1964, Ghulam Mohammed a 1968, Shakeel a 1970, Asif a 1971, Rafi a 1980. Matasa kuma sun koma ga R. D. Burman da su Laxmikant da Pyarelal, masu sauri da jita da gangunan Turawa. Naushad mutum ne mai nawa, yakan shafe makonni a kan waƙa ɗaya, shi ya sa cikin shekara 65 finafinansa ba su wuce 65 ko kusa da haka ba, alhali wasu na bayansa sun haura 300.

A shekarunsa na ƙarshe ya zama mai yawan kukan cewa kiɗan Turawa ya ɓata na Indiya. A nan akwai abin dubawa, domin shi ne mutumin da ya cika ɗaki da goge da fiyano da kilarinet, ya kuma sa aka rubuta raga a takarda irin ta Turawa. Abin da ya kare ba tsarkin asali ba ne, gauraye ne na zamaninsa wanda ya riga ya sami albarkar gwanayen fada, don haka ya daina kama da gauraye. Darajar da ya nema ya same ta, amma ita ce kuma ta ɗaure shi, ya kasa sauka ya yi irin abin da ya yi a Rattan, lokacin da shi ne ake zargi da shashanci.

Da Kamal Amrohi ya tashi kammala Pakeezah, wanda Ghulam Mohammed ya tsara wa waƙoƙi kafin rasuwarsa, Naushad ne ya yi masa kiɗan bayan fage, fim ɗin ya fito a 1972, tsohon maigida yana ƙarasa aikin yaronsa. Gwamnatin Indiya ta ba shi lambar Dadasaheb Phalke ta 1981 da Padma Bhushan a 1992. Ya yi kiɗan wasan talabijin na Tipu Sultan a 1990, ya sa ido a kan sake ɗaukar kiɗan Mughal-e-Azam da aka mayar mai launi a 2004, fim ɗinsa na ƙarshe kuma shi ne Taj Mahal na Akbar Khan a 2005. Ya rasu a Mumbai ran 5 ga Mayu 2006, aka rufe shi a maƙabartar Musulmi ta Juhu. A 2008 hukumar birnin ta sauya wa titin Carter da ke bakin teku a unguwar Bandra, inda gidansa yake, suna zuwa nasa, tare da laƙabin Sangeet Samrat, watau sarkin kiɗa.